Detlef da Tantabarar da Ta Ƙi Sauka

Duk unguwarmu a garin Herne ba ka samun wanda zai ce Detlef Grabosch ba mutumin kirki ba ne. Yana gaida mutane, yana share ƙanƙarar ƙofar gidansa tun maƙwabta ba su tashi ba, bai taɓa jefa kwalba a kwandon takardu ba. Aibinsa guda ne, yana yin fim. Kuma ba irin fim ɗin da mutum zai sayi gugguru ya miƙe ƙafa ya kalla ba.

Shi da bakinsa yakan ce, "Masu kemis ne kaɗai ba sa amsa gaisuwata. Duk makon da aka nuna fim ɗina, maganin barci kwantai yake yi musu." In ya faɗa sai ya riga kowa fashewa da dariya. Tun yana yaro ya gano cewa in ka riga mutane tsokanar kanka, sai su rasa ta inda za su kama ka.

An haife shi a layin gidajen masu haƙar kwal, gidajen jan bulo da hayaƙi ya mayar baƙaƙe, kowanne da ɗan lambun kabeji a baya da ɗakin tantabaru. Ubansu a ƙarƙashin ƙasa ya yi ƙuruciyarsa da tsufansa. Wansa Egon yana gama makaranta ya bi sahu. Da aka zo kan Detlef, auta, sai aka tarar ba ƙirji ba hannu, in ka ba shi guduma yatsansa zai fara bugawa. Abin da ya iya shi ne ya zura wa abu ido har a manta da shi a wurin. Wani kawunsu ya ba shi tsohuwar kyamara, ya wuce kicin ya ɗauki uwarsu tana feraye dankali har zaren fim ɗin ya ƙare. Da aka haska a bangon falo, uban ya kalla shiru, sannan ya ce, "To, sai yaushe za ta dafa?"

Ya tafi Berlin karatun fim, ya dawo da gemu da baƙar riga da aƙida. A fim ɗinsa ba kiɗa, ba mai ba da labari, ba 'yan wasa. Ba ya ce wa mutum koma ka sake shigowa ta ƙofar nan. Yakan kafa kyamara a kan ƙafafunta uku, ya ce wa mutane, "Kada ku kalle ni, kada ku yi mini magana. Ku ɗauka ba na nan." A ganinsa shi ido ne kawai, ido kuwa ba ya taɓa abin da yake kallo. Ya yi fim a kan wata tashar bas da ba a cika hawa ba. Ya yi a kan gidan wanki. Da aka rufe ramin da Egon ke aiki, ya ɗauki ƙatuwar tayar da ke sauke mutane ƙasa tun tana juyi har ta tsaya, sannan ya ci gaba da ɗaukarta a tsaye, wai don a ji nauyin abin. An kuwa ji, musamman a fatar ido.

Ba zan ɓoye ba, mu ne muke ɗaure wa irinsa gindi. Mukan shiga 'yan ƙananan sinimomi da rigar ruwa a cinya, mu sha wahala a natse, in an kunna fitila wani mai tabarau ya ɗaga hannu ya ce, "Ni ba tambaya ce da ni ba, tsokaci ne," ya yi jawabin da ya fi fim ɗin tsawo. Sau ɗaya Detlef ya ci kyauta, a bikin finafinan wani ƙauye da jirgin ƙasa ba kullum yake tsayawa ba. Wani dunƙulen gilashi ne, da shi Gudrun ke tokare ƙofar baranda.

Gudrun matarsa ce, ita ce kuma mai ɗaukar masa sauti. Ranar da suka haɗu, an tashi daga kallon fim ɗinsa na farko ya tarar ita kaɗai ta rage a zauren. Ya ce a ransa, yau na sami wadda ta fahimce ni. Sai bayan aure ta gaya masa ruwan sama take jira ya tsagaita.

Duk wannan bai dami Detlef ba. Egon ne ya dame shi.

Egon bai taɓa fashin zuwa nunin farko na fim ɗin ƙaninsa ba. Yakan sa kwat ɗinsa ta zuwa jana'iza, ya taje kai da ruwa, ya zauna a layin gaba ya harɗe hannuwa. Kafin a yi nisa kansa ya karkata, minshari ya fara shiga cikin shirun da Detlef ya yi wata da watanni yana tsarawa. In an kunna fitila sai ya zabura, ya fi kowa tafi, ya ce, "Madalla, Auta. Hoton ya fita tas." Detlef yakan mayar da abin raha a teburin giya, ya ce wansa ne babban mai sukarsa, don bai taɓa furta kalmar ƙarya a kan aikinsa ba, da hanci yake magana. Amma in ya koma gida abin ci masa rai yake yi. Egon ne ya goya shi, Egon ne ya daki yaran da suka kira shi mai ido huɗu. Detlef ya haura sittin, gemu ya yi fari, kuma abu ɗaya ya rage yake nema a duniya: ya yi fim ɗaya da wansa zai kalla har ƙarshe ido biyu.

Sai ga ciwo. Ƙurar kwal ta daɗe da cin rabin huhun Egon, ƙurar gashin tantabara na neman cinye sauran. Likita ta ce masa in yana son ganin wata bazarar, in an gama tseren tantabaru na bana ya rabu da tsuntsayen duka. Mutumin da matarsa ta rasu, ramin ya rufe, abin da ya rage masa ke nan, ɗakin katako a bayan gida da masu kuka a ciki.

Detlef ya same shi yana kankare kashin tantabara, ya ce yana so ya yi fim.

"A kaina? Me na yi maka?"

"A kan tantabarun. Kai dai za ka riƙa shiga hoto."

"Su ma me suka yi maka? Tsuntsaye ne masu aiki, Auta. In barci ya kama su a sama faɗowa za su yi."

"Haba Egon."

"Za a sa kiɗa?"

"A'a."

"Za a harbi wani?"

"Sai dai ni, in an fito daga kallo."

Egon ya yi dariya har tari ya sarƙe shi, ya dafa ƙofa ya jira numfashi ya dawo. "To, Malam Darakta, faɗi dokarka."

"Kada ka kalle mu, ni da Gudrun. Kada ka yi mana magana muddin kyamara na kunne. Ka ɗauka ba ma nan."

"In gemunka ya kama wuta fa?"

"Bar shi ya ci. Ba na nan."

Egon ya goge hannu a wando ya miƙa masa. "An gama."

Detlef ya faɗi wannan dokar ga ɗaruruwan mutane, kuma kowa na karya ta kafin kofi ya huce. Ya manta da wa yake magana. Egon mutum ne da zai tsaya a bakin titi cikin ruwan sama, ba mota ko ɗaya har iyakar ganinka, yana jiran fitilar tsallakawa ta yi kore. Mu duka haka muke, wani kaɗan wani da yawa. A ba mu doka, mu riƙe ta gam ko da wanda ya kafa ta ya manta da ita.

Haka aka yi bazarar ana ɗauka. Egon ya ƙware wajen yin kamar ba sa nan, har Detlef ya ce wa Gudrun, "Kin gani ko? Shekara sittin yana atisaye a kaina." Sun ɗauke shi yana auna masara da wake, yana buɗe fiffike yana dubawa a hasken rana, yana hira da wata shuɗiyar tantabara da ya sa wa suna Frieda. Da ita yake yin maganar da bai taɓa yi da ɗan Adam ba. Yakan gaya mata ciwon ƙirjinsa, ya gaya mata wanda ya mutu a layi.

Tseren ƙarshe daga can cikin Faransa za a sako su. Mota ta kwashe tsuntsayen unguwa a kwanduna, Frieda na ciki da zoben roba a ƙafa. Dawowa kan rufi ba ita ce dawowa ba. Sai tantabara ta shiga ɗaki, mai ita ya kama ta, ya zare zoben, ya jefa a agogon tsere ya murɗa, sannan aka san ta iso. 'Yan zamani sun koma na'ura mai karantawa da kanta. Egon ya ce shi sai ya taɓa tsuntsunsa da hannu.

Ranar Lahadin da ake jiran dawowarsu iska na kaɗawa daga wajen kogi. Egon ya fito da kujerar kicin ya zauna a tsakar lambu, gwangwanin masara a cinya, fuska a sama. Ko'ina a layin haka ne, tsofaffi a bayan gidajensu kowa ya ɗaga haɓa.

Gudrun ta ɗaga abin sauraro daga kunne ɗaya ta yi raɗa. "Iska ta cika mini kunne. Sai na sa wa makirfon riga."

Ta zaro rigar daga jaka, wata buzu-buzu mai dogon gashi ruwan toka, wadda masu fim ke kira mushen kyanwa. Duk bazarar ba a buƙace ta ba sai ran nan. Ta zura wa makirfon, ta ɗaura a kan doguwar sanda.

"Matsa da ita bakin katakon sauka," in ji Detlef. "Ƙarar fiffike nake so, kamar a cikin kunnen mutum."

Aka yi ta jira. Detlef ya ɗauki sama, ya ɗauki gajimare, ya ɗauki ƙeyar Egon. Can sai Egon ya miƙe tsaye, kujera ta faɗi a bayansa. Wani ɗigo ne ya ɓullo ta saman hasumiyar coci, shi kaɗai, babu ko ɗaya a tare da shi. Frieda ce, ta riga tantabarun layin duka.

Egon ya fara kaɗa gwangwani. "Zo, zo, zo. Zo, 'yar gari. Zo gida."

Ta naɗe fiffike ta yo ƙasa. Saura kaɗan ta dira kan katako sai ta yi wani irin baya, ta koma sama. Ta zagaya gidan. Ta sake yowa ƙasa, ta sake fasawa. Ta sauka kan bututun hayaƙin maƙwabci tana haki, baki a buɗe, tana leƙen ɗakinta da ido ɗaya.

Detlef kuwa idonsa na manne da kyamara, murna ta cika shi. Yau dai ga wani abu na faruwa a fim ɗinsa! Ya matso da fuskar Egon. Gumi na zuba, numfashi na fita da fito, masara na zubewa daga gwangwani. Daga gidajen gefe aka fara jin ihu, tantabarun wasu sun soma isowa suna shiga. Gudrun ta rufe ido kamar yadda ta saba in tana sauraro, ba ta ganin komai.

Sai Detlef ya lura da wani abu. Idon Egon yakan sulale zuwa gefen hoton, wajen hagu, sai ya fizgo shi da ƙarfi ya mayar sama, ya cije baki. Ya yi, ya sake yi. Detlef ya ɗago kansa daga kyamara, abin da bai taɓa yi ba tana kunne, ya dubi inda wansa ke ƙin duba. Ya ga abin da Frieda ke gani: wata ƙatuwar kyanwa ruwan toka na lilo a bakin ƙofar ɗakinta, iska na kaɗa gashinta.

A nan ne ya ji kunyar da bai taɓa ji ba, domin ko da ya gane, wata murya a cikinsa cewa ta yi, ɗan ƙara kaɗan, hoton ya yi kyau. Ya saurare ta na ɗan lokaci kuwa. Sannan ya kwarma ihu.

"Gudrun, sauke kyanwar nan! Sauke!"

Ya zabura zai fizgo sandar, ƙafarsa ta harɗe da ƙafar kyamara, shi da kyamarar suka kife cikin kabeji, ta daina ɗauka nan take. Gudrun ta danne sandar a ƙasa ta kwanta a kai. Daga kwancen Detlef ya ga Frieda ta taso daga bututun, ta yi ɗan zagaye, ta dira kan katako ta shige ciki abinta. Egon ya bi ta yana dafa bango. Aka ji ƙarar agogo. Amma a lokacin rabin layin sun riga sun murɗa nasu.

Egon ya fito bakin ƙofa da tantabarar a ƙirji. Detlef ya tashi da ganye a gemu.

"Ka gani tun farko. Me ya sa ba ka yi magana ba?"

"Da wa?" in ji Egon. "Ba kwa nan."

Ya juya ya koma ɗakin ya ja ƙofa. Detlef ya laluba duk cikinsa bai sami abin dariya ko ɗaya da zai faɗa ba.

Kafin sanyi ya shigo aka raba tantabarun. Frieda wani abokin Egon ne a can wani gari ya ɗauka, zai kulle ta a keji har ƙarshen ranta, don in aka sake ta gida za ta dawo. Aka toshe ƙofar ɗakin tantabarun da katako. Egon ya koma yawo da 'yar tukunyar iska a kan tayoyi, da siririn tiyo a hanci.

Wajen tace fim ɗin Gudrun ta ce a yanke ƙarshen. "Ka tsaya a inda take zagaye. Ba sai duniya ta san mu biyu muka yi wannan wautar ba."

"Ke idonki a rufe yake. Ni nawa a buɗe."

"To ka yanke ihunka ko da. Kamar akuya aka taka."

"A bar akuyar," in ji shi. Bai cire komai ba.

Ba Berlin ya kai shi ba. A ɗakin bayan mashayar da ƙungiyar masu tantabara ke taro aka rataya farin zanen gado, wata Lahadi bayan cin rana. Tsofaffi suka cika wurin, kowa da kofin giya, ana ta ƙorafin kujeru. Egon ya zo da kwat ɗinsa da tukunyarsa ya zauna a gaba. Detlef ya tsaya a baya jikin bango. Ba zanen yake kallo ba, ƙeyar wansa yake kallo, yana jiran ta karkata.

Aka fara. Masara, fiffike, kankarar kashi. Wani ya ce, "Kai, wake ya yi yawa a abincin nan, Egon." Wani ya ce masa ya rufe baki. Aka zo wajen sama, doguwar sama wadda ba komai a cikinta sai gajimare, irin wurin da ko Gudrun kan tashi ta haɗa kofi. Ɗakin ya yi tsit. Detlef ya duba ya ga haɓoɓi duk sun ɗaga, babu mai taɓa kofinsa.

"Iskar yamma ce. Ta bayan coci za su ɓullo."

"Ga ta can!"

"Ina? Tabon zane ne wannan, je ka canja tabarau."

Sai a lokacin abin ya faɗo masa. Ya ƙare rayuwarsa yana neman mutanen da za su iya kallon wurin da ba komai ba tare da sun gaji ba, ya neme su a Berlin, ya neme su a bukukuwa, ashe suna bayan gidan ubansa a kan kujerun kicin.

Da Frieda ta ɓullo, ɗakin ya ɗauki ihu kamar ba su san yadda aka ƙare ba. Da ta fasa sauka, wani tsoho ya buga tebur. Gefen kyanwar ya leƙo cikin hoton.

"Cire abin nan, ɗan banza!"

"Kai Detlef, makaho ne kai?"

"Makaho ne," in ji Detlef daga baya. "Da takardar shaida ma."

Aka ji ihunsa a fim ɗin, sama ta juya, ganyen kabeji ya rufe hoton, sai duhu. Mai mashayar ya kunna fitila. Tsofaffin suka shiga ƙwanƙwasa tebur da bayan yatsu, yadda muke yi in abu ya yi mana.

Egon bai ƙwanƙwasa ba, bai motsa ba. Detlef ya ratsa kujeru ya zagayo ta gabansa ya durƙusa. Idanun Egon a buɗe suke tar, sun yi ja, suna kan farin zanen.

"Shi ke nan? A nan ya ƙare?"

"A nan. Saukar ban samu ba, Yaya. Abu ɗaya ya taɓa faruwa a gaban kyamarata, shi ma ina kwance cikin kabeji."

Egon bai yi dariya ba. Ya gyara tiyon hancinsa, ya ja numfashi.

"Ce a kashe fitila. Mayar da shi daga inda ta ɓullo."

"Ba za ta sauka ba fa, ka sani. Ko sau nawa aka maimaita."

"Na sani," in ji Egon. "In ta sauka tafiya za a yi da ita. Bar ta a sama."

Detlef ya miƙe, gwiwoyinsa na ƙara. Ya je da kansa ya kashe fitilar.